Darussa daga aikin neman izinin ɗaukaka ƙara bayan kotu ta wanke mutum

Ranar da alƙali ya sallami wanda ake tuhuma kuma ya wanke shi, dangin mamaci ko wanda aka cuta sukan fito harabar kotu suna cewa za su ɗaukaka ƙara. A shari'ar laifi a Najeriya ba su da wannan hurumin. Sashe na 243 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya bar shi ga wanda ake tuhuma da ɓangaren masu gabatar da ƙara, don haka iyakar abin da dangi za su yi shi ne su rubuta wa Antoni Janar koke, kuma su yi da wuri.

Hanzarin yana da dalili. Wa'adin ɗaukaka ƙara daga Babbar Kotu zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara kwana 90 ne, amma daga can zuwa Kotun Ƙoli kwana 30 kacal. Sau da yawa wa'adin kan cika alhali ana jiran kwafin hukunci daga wurin magatakarda, ko fayil yana kwance a kan teburin wani darakta. A shari'ar kisan Kudirat Abiola, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta wanke Manjo Hamza Al-Mustapha a Yulin 2013, kuma sai da gwamnatin Legas ta roƙi Kotun Ƙoli ta ƙara mata lokaci kafin ta sami damar shigar da ƙara.

Inda lauyoyi suka fi tuntuɓe shi ne tantance ko ana buƙatar izinin kotu kafin a ɗaukaka ƙara. Hukuncin ƙarshe na Babbar Kotun da ta fara jin shari'a, sashe na 241 ya ba da damar ɗaukaka shi kai tsaye. A Kotun Ƙoli kuwa, sashe na 233 ya raba hanya biyu: hujjar ɗaukaka ƙara da ta tsaya kan doka zalla ba ta buƙatar izini, amma wadda ta taɓa abin da shaidu suka faɗa, ko ta haɗa shi da doka, sai da izini. Rubuta "kuskuren doka" a saman hujja ba ya ruɗar alƙalai. Bayanin da ke ƙarƙashinta suke karantawa. In suka ga ƙorafi ne kan yadda aka auna shaida, kuma ba a nemi izini ba, sai su soke hujjar, wani lokaci ƙarar duka ta bi ta.

Idan lokaci ya ƙure kuma ana buƙatar izini, roƙo uku ake jerawa a takarda ɗaya: ƙarin lokacin neman izini, izinin kansa, da ƙarin lokacin shigar da ƙara. Wanda ya manta ɗaya ya yi aikin banza. A haɗa da takardar rantsuwa mai bayyana dalilin jinkiri dalla-dalla, da kwafin hukunci mai hatimin kotu, da daftarin hujjojin. "Aiki ya yi wa ofis yawa" dalili ne mai rauni.

Ko an sami izinin, alƙalan sama ba su ga fuskar shaida ba, ba su ji inda muryarsa ta yi rawa ba, takarda kawai ke gabansu. Shi ya sa da wuya su rushe ra'ayin alƙalin farko kan wanda ya yi gaskiya, sai an nuna musu shafi da layin da ya tsallake shaida ko ya juya doka.