Duwatsun Svalbard

Yau ƙanwata mai karatun ilimin duwatsu ta turo min hoton wani tsauni a Svalbard, wasu tsibiran ƙasar Norway can ƙuryar arewacin duniya, dutse ne amma ya lanƙwashe kamar an naɗe tabarma. Wai sama da shekara miliyan 400 da suka wuce ƙasar Girinlan ta yi karo da ta Norway, a hankali a hankali har ƙasa ta tattare ta zama tsaunuka, daga baya tekun Atlantika ya buɗe ya raba su, wani ɓangaren tsaunukan ma yana Sukotland yanzu. Kuma lokacin Svalbard ɗin tana kusa da tsakiyar duniya inda ake zafi, har dazuzzuka suka tsiro a wurin da yau sai ƙanƙara.

Subhanallah, wallahi jikina ya yi sanyi. Ashe ƙasar da muke takawa ma tafiya take yi.