Saƙon Godiya Bayan Haska Shirinmu Kan Yara da Wayar Salula

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Godiya ta tabbata ga Allah da ya nuna mana kammala shirinmu na dokumentari a kan yaran Kano da wayar salula. A madadin abokan aikina, ina miƙa godiya ga iyaye da malamai da masu unguwanni da suka halarci haskawar farko ranar Asabar, suka kuma zauna har ƙarshen tattaunawa.

Godiya ta musamman ga Malamarmu, wadda muryarta ce ƙashin bayan shirin. Malamar firamare ce da ta daɗe tana koyarwa a Gwale, kuma a shekarar 2020, lokacin da kullen korona ya sa aka rufe makarantu, ta ga ɗalibanta suna bin darasin rediyo ta wayoyin iyayensu mata, ta kuma lura cewa idan darasi ya ƙare wayar ba ta komawa hannun mai ita. Tun daga nan take zagaya makarantun Islamiyya da tarukan mata, ba don ta ce a ƙwace waya ba, sai don uwa ta san abin da ɗanta yake kallo. A cikin shirin ta bayyana shawarar da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2019, cewa kada a ajiye jariri gaban allon waya ko talabijin, ɗan shekara 2 zuwa 4 kuwa kada ya wuce awa ɗaya a yini. Ta kuma tunatar da mu cewa TikTok da Facebook sun sa shekara 13 a matsayin mafi ƙarancin shekarun buɗe shafi, alhali 'yan aji huɗu suna shiga da shafin yayyensu.

Abin da ya fi ƙara mini girmanta shi ne sharaɗin da ta kafa mana: ba za a ɗauki yaro ba sai da izinin iyayensa a rubuce, kamar yadda Dokar Kare Bayanai ta Najeriya ta 2023 ta ɗora amincewa a wuyan iyaye, sannan a tambayi yaron shi ma. Wannan ya hana mu wasu hotuna masu kyau ƙwarai, kuma a ganina gaskiyarta ce.

Muna godiya ga masu gyaran waya da masu tura fina-finai na kasuwar Farm Centre, waɗanda suka faɗa mana ba tare da ɓoye-ɓoye ba irin abin da yara suke zuwa nema, suka kuma nuna wa iyaye yadda ake sa wa manhaja makulli.

Iyayen da suka buɗe mana ƙofofin gidajensu a Fagge da Ɗorayi da Kurna, amanar 'ya'yanku tana hannunmu, kuma ba za mu ɗora fuskar ko ɗaya daga cikinsu a intanet ba. Bayan hutu za mu fara kai shirin makarantu. Allah ya saka wa kowa da alheri, ya raya mana zuriya.