Idan abokan wasanka ba sa jin muryarka a gem

Da daddare a ɗakunan ɗalibai na Samaru da Kongo, ko a gidajen gem na Sabon Gari da Tudun Wada a Zariya, babu maganar da ake maimaitawa a tsakiyar PUBG ko Free Fire kamar "kuna ji na?" Mutum huɗu ne a tawaga, ɗaya ya hango abokan gaba sun zagayo ta bayan gini, yana ta faɗa, ba wanda ya ji. Gari na wayewa sai ya nufi shagunan PZ ya sayo sabon iyafis, ya dawo ya tarar da matsalar tana nan daram. Sau da yawa makirfon lafiyarsa ƙalau. Murya tana bin doguwar hanya kafin ta isa kunnen abokinka: daga baki zuwa makirfo, daga makirfo zuwa cikin waya, wayar ta ba gem izinin ɗauka, gem ya tura ta intanet. Aikinka shi ne ka gano inda ta maƙale kafin ka kashe ko kwabo.

Gwajin farko ba a cikin gem ake yin sa ba. Rufe gem ɗin gaba ɗaya, cire iyafis, buɗe manhajar naɗar murya da ta zo da wayar, ka yi magana ta daƙiƙa goma ka saurara. Sai ka jona iyafis ka sake naɗa, amma wannan karon kana magana kana ɗan karce makirfon da ke jikin igiyar da farce. Idan ka ji karcen da ƙarfi a cikin abin da ka naɗa, makirfon iyafis ne ke aiki. Idan ba ka ji ba, wayar ba ta san da shi ba, da nata take ɗauka. Wannan ɗan gwajin ya raba maka matsalar gida biyu: ko na'ura ce, ko saiti da intanet.

Idan duka biyun sun fito tas, to saiti ne. A Android shiga Settings, Apps, zaɓi gem ɗin, Permissions, Microphone, ka ba shi izini yayin da ake amfani da shi. Mutane da yawa sun danna ƙin yarda ranar da suka sauke gem ɗin cikin gaggawa, sun manta. Daga Android 12 zuwa sama akwai wani makunni a cikin allon da ake janyowa daga sama wanda ke rufe makirfo ga dukkan manhajoji lokaci guda. Idan a kashe yake, duk izinin da ka bayar banza ne. Waɗannan wayoyin suna nuna ɗigo kore a saman allo duk lokacin da wata manhaja ke sauraro, iPhone kuma ɗigo mai launin ruwan lemo tun daga iOS 14. Ka kunna makirfo a gem ka duba: babu ɗigo, babu murya.

A cikin PUBG Mobile alama biyu ce, ta lasifika da ta makirfo, kowacce da nata zaɓin: All, Team, ko a kashe. Kana iya jin kowa alhali naka a rufe yake. Ka ajiye shi a kan Team. Wannan ya wuce batun dabarar wasa, domin makirfo a buɗe a kan All yana kwashe duk abin da ake faɗa kusa da kai, hirar iyali a tsakar gida, muryar ƙannenka, sallamar baƙo, ya kai wa mutanen da ba ka sani ba.

Wani abin da ke ruɗa mutane shi ne manhaja biyu suna rige-rigen makirfo ɗaya. Idan kana kan kiran WhatsApp da abokai sannan ka shiga gem, kiran ne ke da fifiko, gem ɗin shiru kawai zai samu. Haka ma manhajar naɗar allo idan an ba ta damar ɗaukar murya. Ku zaɓi ɗaya: ko muryar cikin gem, ko manhajar hira ta Discord, ko WhatsApp. Wanda ya zaɓi Discord a waya ya cire wa manhajar takunkumin tanadin batir, domin wayoyi masu ƙaramin RAM, giga 2 ko 3, suna kashe duk abin da ke aiki a baya da zarar gem ya yi nauyi, sai ka ga murya ta ɗauke minti biyar bayan an sauka a fili.

Sai hannu. Wayar Android galibi makirfo biyu gare ta: babba a ƙasa kusa da bakin caja, ƙarami a sama wanda aikinsa sauraron hayaniyar gefe don a rage ta. Da ka kwantar da waya don wasa, tafin hannunka kan babban yake sauka. Muryar sai ta fito kamar daga cikin randa, wani lokacin ma wayar ta ɗauka muryarka ce hayaniyar, tunda ta fi ƙarfi a makirfon sama, ta danne ta. Juya wayar ɗaya ɓangaren, ko ka cire rigarta ka gwada, don wasu riguna masu arha ba a huda su daidai ramin ba.

Ramin kansa kuwa, duk wanda ya yi hunturu a Zariya ya san aikin ƙura. Daga Nuwamba zuwa Fabrairu tana shiga aljihu, ta haɗu da zufar hannu da zaren tufafi ta zama laka a bakin ramin. Busasshen buroshin haƙori mai laushi ya isa, a hankali, wayar tana kallon ƙasa. Don Allah kada ka zura allura ko tsinken cire sim. Akwai siririyar raga a ciki da ke tare ƙura da ruwa, in ka fasa ta ka buɗe wa makirfon ƙofar lalacewa. Bakin iyafis ma yana tara irin wannan datti har kan filogin ya kasa shiga ƙarshe. Tsinken sakace na itace, wayar a kashe, zai fito da shi.

Yanzu ɗauki filogin iyafis ɗinka ka ƙirga zobban da ke jikin ƙarfen. Zobe biyu na nufin kashi uku: kunnen hagu, kunnen dama, da layin ƙasa. Wannan ba shi da hanyar makirfo ko kaɗan. Zobe uku, kashi huɗu, shi ne mai ɗauke da murya. Amma ko a cikin masu zobe uku tsari biyu ne. A tsarin CTIA, wanda kusan dukkan wayoyin yanzu da fad ɗin PlayStation (abin riƙewa na wasa) ke bi, makirfo yana kashin ƙarshe kusa da roba, layin ƙasa yana gabansa. A tsohon tsarin OMTP, na wasu tsofaffin Nokia da Sony Ericsson, an musanya waɗannan biyun. Alamar rashin jituwa a bayyane take: makirfo ba ya aiki, sauti yana fitowa siriri kamar daga nesa, amma da ka danne maɓallin jikin igiyar sai ya cika. Har yau irin waɗannan suna yawo a kasuwa cikin kaya masu arha, shi ya sa ya kamata ka yi gwajin naɗar murya a gaban mai shago kafin ka biya.

Wayar da ba ta da ramin iyafis sai da ƙaramar mahaɗa ta USB-C. Su ma iri biyu ne: mai ƙwaƙwalwar sauya sauti a ciki, wadda ake rubuta DAC a kwalinta, da wadda igiya ce zalla. Wayoyin Samsung da Pixel marasa rami mai DAC suke bukata. Ɗayar ko dai ta ƙi aiki sam, ko wayar ta rubuta cewa ba ta karɓi na'urar ba.

Bluetooth ne ya fi ba mutane haushi, kuma ba laifin iyafis ɗin ba ne, haka fasahar take. Tana da hanyar jin kiɗa mai suna A2DP, sauti mai kyau ta kunne biyu amma babu makirfo, da hanyar kiran waya mai suna HFP, mai makirfo amma sautin a haɗe yake, kuma a matse. Da ka kunna makirfo sai ta sauka daga ta farko zuwa ta biyu. Nan take ƙarar gem ta koma kamar tsohuwar rediyo, kuma ka daina bambance ko takun sawu daga hagu yake zuwa ko daga dama, wanda a wasan harbi shi ne rabin rayuwarka. Ga jinkiri kuma, harsashi ya fita kafin ka ji ƙararsa. Bugu da ƙari Bluetooth da Wi-Fi na 2.4 GHz a zango ɗaya suke, suna takura wa juna. A ganina duk mai wasa da gaske ya nemi iyafis mai igiya, ko hedfon mai zuwa da nasa ɗan makalen USB. PS4 da PS5 ma ba sa karɓar iyafis ɗin Bluetooth na gama-gari.

Tunda an zo kan PlayStation: fad ɗin PS5 yana da makirfo a jikinsa, da maɓalli a ƙasan tambarin PS, in ya kunna wuta mai ruwan lemo, a rufe kake. Na PS4 ba shi da makirfo, sai ka jona iyafis a ƙasansa. A PS5 shiga Settings, Sound, Microphone ka duba wace na'ura aka zaɓa, ka daidaita ƙarfin har layin ya riƙa tsayawa a tsakiya. Idan kana cikin Party, wato rukunin hira na PlayStation, muryarka can take zuwa, 'yan cikin gem ba za su ji ka ba sai ka sauya zuwa hirar gem. A gidajen gem da fad ɗaya ke bin hannu goma a yini, ramin ƙasan fad ne ke fara saki. Juya filogin a hankali, in ka ji ƙaraf-ƙaraf, ramin ne.

Masu kwamfuta: babbar kwamfuta rami biyu gare ta, kore na kunne, ruwan hoda na makirfo. Iyafis mai filogi ɗaya yana bukatar igiyar da ke raba shi biyu. A Windows duba Privacy, Microphone, ka tabbata layin da ke ba manhajojin desktop dama a kunne yake, sannan ka duba Input a saitin sauti, don jona fad ko kamara ta USB kan sa Windows ta koma kansu ba tare da sanarwa ba. Wasu laftof suna tambaya idan ka jona: Headphone ko Headset. Headset ne mai makirfo. Kada ka kai Microphone Boost har +30 dB. Shuuu ɗin ɗaki zai ƙaru tare da muryar. +10 ya wadatar, ka matso da makirfon kamar faɗin yatsa biyu daga gefen baki.

Idan abokai suka ce suna jin wani gunji mai kauri a ƙarƙashin muryarka, zare caja ka tambaye su. In ya ɗauke, cajar ce. Wutarmu tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa, caja marar inganci kuma tana barin wannan kaɗawar da nata tartsatsin su bi layin ƙasa su shiga makirfo, abin ya fi muni a kan ƙaramin janareta ko soket marar layin ƙasa. Yi caji kafin wasa, ko ka yi amfani da fawa-bank. Wasa a kan caji a zafin Maris da Afrilu ma yana sa waya ta rage gudunta don kare kanta, murya ta fara sarƙewa. Ƙarar janareta da iskar fanka kuwa maganinsu tsarin danna-ka-yi-magana, ko tace hayaniya na Krisp da ke cikin Discord. Amsa-kuwwa kuma dokarta ɗaya: wanda ba ya jin ta, daga wurinsa take fitowa. Lasifikarsa ce ke mayar da muryoyinku cikin makirfonsa. Ya sa iyafis, shi ke nan. Idan biyu daga cikinku suna ɗaki ɗaya, ɗaya ya rufe nasa.

Saura muryar da ke yankewa ko ta koma kamar ta mutum-mutumi. Wannan ba makirfo ba ne, intanet ce, kuma ba yawan gudu ake nema ba. Discord yana tura murya a kilobit 64 cikin daƙiƙa, kusan megabayit 29 ke nan a awa ga muryar mutum ɗaya. Sai dai ana yanka ta ƙanana-ƙanana, kowane yanki milisakan 20, guda 50 a daƙiƙa, kuma dole su iso a jere a kan lokaci. Wanda ya makara an jefar da shi. Shi ya sa za ka iya kallon bidiyo lafiya lau, don shi yana tara na gaba ya ajiye, amma murya ta ƙi. Da yamma idan unguwa ta cika a kan turken sabis ɗaya, kamar kewayen Samaru lokacin da makaranta ke ciki, abin ya fi tsanani. Tsayar da duk wani saukewa da ajiyar hotuna ta atomatik, rage masu jan hotspot ɗinka, matsa kusa da taga, kulle wayar a kan 4G idan tana tsalle tsakaninsa da 3G, kuma ka gwada ɗaya sim ɗin, don layin da ya fi ƙarfi a Kwangila ba lallai ya fi a cikin birni ba, inda katangun ƙasa masu kauri ke cinye sabis.

A PlayStation gwada intanet daga Network ka duba NAT Type, wato lambar da ke nuna sauƙin haɗuwar na'urarka da ta wasu. Na 1 da na 2 ba matsala. Na 3 kan hana haɗuwa da wasu 'yan wasa ko jin su. A rauta ta gida, wato akwatin Wi-Fi, kunna UPnP, saitin da ke buɗe wa gem ƙofofi da kansa, yakan gyara. Amma idan da sim kake jona na'urar, ta MiFi ko hotspot, kamfanonin waya kan haɗa kwastomomi da yawa a bayan adireshi ɗaya, abin da ake kira CGNAT, kuma buɗe ƙofofi a rautarka ba zai canza wannan ba. Gwada wani layin, ko ku mayar da hirar Discord, wanda ta sabarsa muryar ke bi, ba kai-tsaye tsakanin na'urorinku ba.

Idan kuwa tun gwajin farko, ba iyafis, ba riga, rami a share, naɗin ya fito shiru ko can ƙasa-ƙasa, kuma masu kiranka a waya ma suna ƙorafi, lokacin mai gyara ya yi. A yawancin wayoyin Android babban makirfo yana kan ƙaramin allon lantarki na cikin waya da ke ɗauke da bakin caja, ana canza allon ne ɗungurungum, ba sai an taɓa babban allon lantarki na wayar ba. Ka ce masa ya duba igiyar da ta haɗa allunan biyu tukuna, wani lokacin faɗuwa ce ta ɗaga ta. Ya mayar da robar da ke zagaye makirfon da ragarta yadda suke, don in babu robar lasifika za ta riƙa zuba sauti cikin makirfo ta cikin wayar. Kafin ka bar teburinsa ka naɗi murya, ka yi kira a kunne, ka yi wani a lasifika, sannan ka buɗe gem ɗin ka kira ɗaya daga cikin tawagarka.