Asabar ɗin hunturu a Mayfair

Da asuba ruwan famfo ya kusa tsinke mini yatsu. Na leƙa tsakar gida, ciyawa ta yi fari fat da daskararriyar raɓa. Watan Yuli ke nan a Mayfair, unguwarmu a Johannesburg ta Afirka ta Kudu. A Kano yanzu damina ta kankama, gero ya rufe ƙasa, mu kuwa nan muna tsakiyar hunturu. Garin a kan tudu yake, kusan mita 1,750 sama da teku, iskarsa busasshiya mai fasa leɓe irin ta Janairu a gida, sai dai babu hazo.

Tun da likita ya ce sukarin Abban yara ya fara hawa, ya rage tuwon dare, hankalina bai kwanta ba. Sanyi yana sa mutum kwaɗayin abu mai nauyi, shi kuma mutumin malmala biyu ne, ko na shinkafa ko pap, tuwon masarar mutanen nan. Na ga idan na rage masa tuwo na bar faranti wayam, zai tashi da yunwa da ɓacin rai. Shi ya sa yau na ce bari in gwada ƙananan faranti, kowanne loma huɗu ko biyar, wake da ganye su fi rinjaye.

Da hantsi maƙwabciyata ta shigo, dattijuwar nan Batswaniya da nake kira Mma, ita kuma ta ce mini ngwanaka, wato 'yata. Ta zo da ƙullin leda ta ajiye mini a kan tebur. Busasshen ganye ne, baƙi-baƙi, a dunƙule. Ta ce morogo ne da 'yar'uwarta ta shanya tun lokacin ruwa, domin da hunturu ɗanyensa wuya yake. Na sunsuna, na murza a tafin hannu, na tambaye ta na wace bishiya ne. Ta ce ba bishiya ba, ganyen wake ne. Na yi shiru ina kallonsa. Abin da muke ɗaurewa harawa mu jibge a kan rufin ɗaki don tumaki, shi ne suke tsinka tun yana ɗanye shataf, su dafa, su shanya, su ci da sanyi, kamar yadda muke adana kuka da kuɓewa. Wallahi sai na ji girman ganyen ya ƙaru a idona.

Na jiƙa shi, na tafasa har ya yi laushi, na matse. Na daka sauran ƙuli-ƙulin da Yaya ta aiko, na yanka albasa da tumatir, na ɗiga lemun tsami, na kwaɗanta shi kamar zogale. Ya fi zogale ɗan kauri a baki, kuma yana riƙe ƙuli sosai.

Alale na yi a ƙananan kofuna, da mai cokali biyu kacal. Mma ce ta haɗa chakalaka da za a ɗora a kai: albasa, gurzajjen karas, tattasai, barkono da garin kori, a soya sama-sama karas bai mutu ba. Ta so ta juye waken gwangwani kamar yadda ta saba, na ce, “Mma, a bar shi, alalen ma ai wake ne, kuma na gwangwani akwai sukari.” Ta yarda. Ni kuma na jefa ɗan ƙwayar daddawa, ta toshe hanci, amma da ta ɗanɗana ta ce in ƙara.

Sai kabewarsu mai siffar gora, wadda ta cika kasuwa a wannan lokaci. Na yanka ta ƙanana, na shafa mai kaɗan, na gasa har gefenta ya yi ja, na barbaɗa yajin tsire.

Bayan Magariba muka zauna kusa da hita, yara cikin bargo. Na jera faranti uku gaban kowa da shayin rooibos, jan ganyen da ake nomawa a duwatsun Cederberg, na tafasa shi da citta da kanumfari, ba sukari. Ba ya hana barci, shi ya sa nake ba yara ma. Abban yara ya fara da kwaɗo, ya ci alale biyu, ya share kabewa. Ina ta satar kallonsa ko zai nemi tuwo. Bai nema ba. Ya ɓare naartjie, ƙaramin lemun nan mai saukin ɓawo, ya ce, “Sannu da aiki, Allah ya yi albarka.”

Da Mma za ta tafi ta tambaya ko akwai ragowar ƙuli. Na raba abin da ya saura biyu na ƙulle mata. Gobe in Allah ya kai mu zan kira Yaya, ta fara neman mai tahowa.