Calkucima, janar ɗin da biyayya ta ci

Duk wanda ya karanta labarin faɗuwar daular Inka ta ƙasar Peru, sunan sarki Atawalpa yake riƙewa, amma ni wallahi wanda ya fi tsaya min a rai shi ne janar ɗinsa, Calkucima.

Mutumin nan fa ba ƙaramin mayaƙi ba ne. Da sarki Huayna Kapak ya rasu ƴaƴansa biyu Waskar da Atawalpa suka hau faɗan gadon sarauta, Calkucima da abokin aikinsa Kiskis su suka ja rundunar Atawalpa tun daga wajen birnin Kito da ke arewa suna ta cin yaƙi har suka kama Waskar a 1532 kusa da Kusko, babban birnin daular. Ba su gama murna ba sai ga labari wai Francisco Pizarro da Turawan Sifaniya 168 kacal sun cafke Atawalpa a garin Kahamarka ranar 16 ga Nuwamba, 1532.

To a nan ne abin yake ɗaure min kai. Calkucima yana garin Jauja da sojoji wajen 35,000 kamar yadda Turawan suka rubuta, sai Hernando Pizarro, ɗan'uwan Francisco, ya je da ƴan mahaya dawaki ƙalilan ya ce masa ai ubangidanka ne yake nemanka, shi kuwa bayan ɗan ja-in-ja kawai ya bar runduna ya bi su! Da ya isa Kahamarka ya cire takalmi ya ɗora kaya a baya, al'adarsu kenan in za a shiga gaban sarki, ya shiga yana kuka, Atawalpa ko fuska bai sauya ba. Wasu za su ce wauta ce, ni dai ina ganin mutum ne da bai san yadda ake cewa sarki a'a ba, ko da sarkin na tsare.

Daga nan bai ƙara samun ƴanci ba. Turawan suka gana masa azaba da wuta don ya faɗi inda zinare yake, suka kashe Atawalpa a Yuli 1533, sannan da Tupak Walpa, sarkin jeka-na-yi-ka da suka naɗa, ya mutu a hanyarsu ta zuwa Kusko suka ce Calkucima ne ya sa masa guba, kuma wai yana aika wa Kiskis saƙo a ɓoye. A Nuwamba 1533, dab da shiga Kusko, suka ƙona shi da rai. An nemi ya karɓi addininsu ya ƙi.