Ni da GLK 350, tun daga ranar ciniki zuwa yau

Shekaranjiya da daddare wani ƙanina ya kira ni, muryarsa har rawa take dan murna, wai Yaya na ga wata Marsandi GLK fara tas a wani filin motoci, 2015 ce, kuma kuɗin da suka faɗa min bai kai yadda nake tsammani ba, gobe da safe zan tura musu kafin alƙalami. Nace masa kar ka tura ko sisi, ɗauko min hoton lambar shasi da ke jikin gilashin gaba ta ɓangaren direba tukunna. Da ya turo na ƙirga haruffan, na goma A ne. Nace masa wannan motar 2010 ce, fuska kawai aka canza mata.

Abin ya tsaya min a rai sosai saboda nima da ƙafata na kusa faɗawa irin wannan ramin a ƙarshen 2021 lokacin da nake neman tawa, shi yasa nace bari dai in zauna in rubuta abin da na sani.

GLK dai Mercedes ce ƙarama mai tsayi, irin waɗanda muke kira jif duk da ba ta kai manyan jif girma ba. An yi ta daga 2008 zuwa 2015 a garin Bremen na Jamus, daga nan GLC ta gaje ta. Yawancin waɗanda ke yawo a titunanmu daga Amurka suka zo, kuma su na Amurkan daga 2010 suka fara. Kala biyu ne. Ta 2010 zuwa 2012 injinta M272 ne, V6 mai lita 3.5, kuma giyarta a tsakiya take kusa da hannunka na dama. Daga 2013 zuwa 2015 aka canza fitilu da bamba da dashbod, aka saka sabon inji M276 wanda ya fi ƙarfi kuma ya ɗan fi sauƙin shan mai, giya kuma ta koma jikin sitiyari. To da yake ta biyun ta fi tsada nesa ba kusa ba, sai wasu su sayi tsohuwar su sa mata fitilu da bamba na sabuwar, shi ne abin da suke cewa ofgired. Ni ban ce yin ofgired haramun bane, in mutum motarsa ce ya yi mata kwalliyar da yake so, amma a sayar maka da ita da sunan 2015 wannan cuta ce tsagwaronta. Lambar shasi haruffa da lambobi guda 17 ce, a motocin Amurka ta goma ita ke faɗin shekara, A 2010, B 2011, C 2012, D 2013, E 2014, F 2015. Wannan kaɗai in ka riƙe ya ishe ka ka tsira da miliyoyinka.

Abin da ya cece ni a lokacin shi ne na samu bakanike tun kafin in samu mota. Wani dattijo ne da ya shekara da shekaru ba ya taɓa komai sai Marsandi, Baba nake ce masa, shi kuma yace min ɗana. Mota uku muka gani tare da shi. Ta farko ita ce mai ofgired ɗin, ko minti biyu bai yi ba ya leƙa ya ga giya a tsakiya yace mu wuce. Ta biyun kuwa wallahi ta tafi da ni, baƙa ce wuluk, kujerun fata masu ruwan madara, rufin gilashi tun daga gaba har baya, ga wani ƙamshin turare da ke tashi a ciki. Ni har na fara lissafin la'ada a zuciyata. Baba bai ce komai ba, ya tura kujerar direba baya har ƙarshe ya durƙusa ya haska ƙarfen da kujera ke gudu a kai da tocilan ɗin wayarsa, duk tsatsa. Ya jawo bel ɗin kujera har ƙarshensa, sai ga wani layi ruwan ƙasa ya ratsa shi kamar inda ruwa ya tsaya a jikin bango bayan damina. Ya buɗe but ya ɗaga kafet ya sa yatsa a wani lungu ya fito da busasshen taɓo, ya murza shi a tafin hannuna yace ɗana wannan ruwa ta sha, turaren nan ba dan Allah aka sa shi ba. A Amurka in ambaliya ta cinye motoci, kamar wadda aka yi a Houston a 2017, kamfanonin inshora gwanjonsu suke yi, kuma da yawansu ƙasashe irin namu suke ƙarewa. Mota mai hatsari in an gyara ta da kyau za a iya zama da ita, amma Marsandin da ruwa ya shiga wayoyinta ba za ka taɓa samun kwanciyar hankali ba, yau gilashi ya ƙi sauka gobe fitila ta kama kanta cikin dare.

Ta ukun ita na saya. 2010 ce, ruwan toka, ba ta ɓoye shekarunta ba, har da ƙarzuwa a bamban baya da ba wanda ya damu ya shafe. Baba ya naɗe ɗan maganaɗisu a hankici yana bin ƙofofi da shi dan ya ji inda aka cika fila, ya shiga ƙarƙashi ya duba ko an yanke katalis, abin da ke tace hayaƙi, an yi sabuwar walda a salansa (ana yawan cire shi a sayar daban saboda yana da tsada), sannan aka jona mata kwamfuta, ba irin ƙaramar nan ta kowa da kowa ba, wadda ke karanta Marsandi gaba ɗaya har giyabos. Na biya kuɗi aka ciro min tarihinta daga Carfax, kamfanin da ke ajiye tarihin motocin Amurka, muka gwada mil ɗin da aka rubuta mata a can da wanda ke kan dashbod suka yi daidai. A lura, na Amurka da mil suke ƙirga, mil 100,000 kilomita wajen 160,000 ne, mutane da yawa suna ruɗewa a nan. Takardun duti ma sai da na sa aka tantance min su kafin in biya, tunda dai a Janairun 2017 an hana shigo da motoci ta kan iyakar ƙasa, in takardunka ba su cika ba duk tafiyar da za ka yi gabanka faɗuwa zai dinga yi.

Ranar da muka gama ciniki Baba ya tambaye ni nawa ya rage a hannuna. Na faɗa masa. Yace to Alhamdulillahi, da ka ce min ba komai da na hana ka saya. Satin farko kafin in fara yawo da ita aka juye baƙin mai, aka canza filtar mai da ta iska da ta esi, filogi guda shida, man birki da man giya, saboda ba ka san yaushe mai ita na can ya yi na ƙarshe ba.

Maganar baƙin mai ita ce wadda na fi son mutane su ji. Injin nan lita 7 zuwa 8 yake sha, kuma ba kowane mai ba, sai wanda aka rubuta MB 229.5 a bayan galan ɗin. Ba sunan kamfanin ne abin dubawa ba, wannan lambar ce. Na sha ganin mutum ya sayi mota ta miliyoyi sannan ya tsaya bakin titi a ɗura masa man da ake zuba wa tsohuwar bas, dan ya rage dubu kaɗan, abin yana min ciwo wallahi. Su can Amurka suna kai wa mil 10,000 kafin juye, amma ni da zafinmu da ƙurarmu da gosulon cikin Kano ba na wuce kilomita 6,000 ko 7,000. Filtar iska kuwa lokacin hunturu in ka ciro ta sai ka rantse a rairayi aka binne ta. Man giya ma haka, giyarta bakwai ce wadda suke kira 7G-Tronic, ba ta da sandar gwada mai, ta ƙasa ake ɗura mata da famfo kuma sai man ya kai wani zafi ake daidaita shi, dan haka ba aikin kowane gareji bane. Man kala biyu ne, akwai ja akwai shuɗi, tsofaffin ja suke sha na baya-bayan shuɗi, kuma ba a haɗa su. Tawa ja ce. Wajen kowace kilomita 60,000 ake canzawa, duk wanda yace maka man giyar Marsandi ba a taɓa shi har abada, kar ka saurare shi.

Sau ɗaya ta taɓa ba ni tsoro a hanya. Watan Afrilu ne, zafi kamar ya tsaga kai, muna dawowa daga Kaduna da Maman yara da yaran a baya, mun wuce Zariya kaɗan na ga allurar zafi tana hawa. Na gangara na kashe. Wani saurayi mai gareji a bakin hanya ya zo ya leƙa, nan take yace Alhaji ai matsalar tamostat ce, na Turawa ne dan ƙasar sanyi aka yi shi, bari in cire maka in haɗa fanka dairek ka huta. Har ya ɗauko sifana. Na kira Baba na sa shi a sifika, yace ɗana ko hannu kar ka bari ya sa, ka jira ta huce ka haska tsakanin lagireto da kwandensar esi ka gaya min me ka gani. Da na haska sai ga wajen ya toshe da ƙura da ƙaiƙayi da gutsattsarin leda, iska ba ta da hanyar wucewa. Muka samu ruwa aka wanke a hankali, muka taho ba esi har gida, allura ba ta ƙara motsi ba. Daga baya Baba yake min bayani cewa in ka cire tamostat injin ba ya kai zafin da aka tsara masa, sai birenbos, wato kwamfutar injin, ya ɗauka har yanzu da sanyi ya yi ta ƙara mai, ga shan mai ga injin yana cinyewa a hankali. Kuma ruwan lagireto na musamman ake zuba mata, ba fiya wata ba.

Kuskuren da ni na yi da hannuna na taya ne. Rami ya fasa min ta baya, tayoyinta kuma masu inci 19 ne ba su da araha, sai na sayi wata ta hannu wadda girmanta ya ɗan bambanta na saka. Tawa 4MATIC ce, ƙafa huɗun duk suna ja, kuma in taya ɗaya ta fi sauran girma ko ƙanƙanta to abin da ke raba ƙarfi tsakanin gaba da baya shi ke shan wahala, shi kuma a jikin giyabos yake. Baba da ya gani ransa ya ɓaci sosai, ranar ban bar garejin ba sai da na sayi guda biyu sababbi iri ɗaya da na gaba.

Sauran abubuwan na tsufa ne da duk mai irin motar ya kamata ya sa ido a kai. Akwai wani ɗan hannun roba a jikin manifol, hanyar da iska ke bi ta shiga inji, da ke ƙonewa ya karye in shekaru sun ja, fitilar cek injin ta kama, ana samun na ƙarfe a maye shi ba sai an sayi manifol ɗin gaba ɗaya ba. Akwai makullin sitiyari na lantarki wanda in ya gaji za ka sa ki ka murɗa shiru, masu gyara suna cewa raunin batir yana ƙara gajiyar da shi, shi yasa ba na wasa da batir. Kayan gyara ana samu a Ƙofar Ruwa, wani abin sai an aiko daga Ladipo a Legas ko Apo a Abuja, amma kuɗinsu ba ɗaya bane da na Toyota, kuma tunda dala ta tashi a 2023 komai ya ninka.

Sai mai. Tankinta lita 66 ne, a cikin gari lita ɗaya da ƙyar take kai ni kilomita 6 zuwa 7 in esi na kunne. Lokacin da na saye ta litar fetur ba ta kai naira 200 ba, bayan an cire tallafi ranar 29 ga Mayun 2023 ta haura 500, daga baya har ta wuce 1,000. Gaskiya akwai watannin da na ajiye ta na koma hawa adaidaita zuwa aiki, sai Juma'a da ƙarshen mako nake fito da ita. Kuma baya ba ta da faɗi, manya uku in suka zauna a takure suke, Maman yara har gobe tana cewa da Lexus RX 350 muka saya. Tana da gaskiyarta. Amma ni in na hau titin Zariya da asuba na taka ta, yadda take zama daram a ƙasa ba rawa ba kaɗawa, ƙofa in ka rufe ka ji wani tim mai nauyi, ban taɓa jin na yi nadama ba.

Ƙanin nawa albashi kawai yake da shi, kuma kuɗin da ya tara iyakar kuɗin motar ne cif, dan haka na faɗa masa gaskiya ko da ta gasken ce ya samu ban ba shi shawarar ya saya yanzu ba, ya nemi RAV4 ko Corolla mai lafiya. Bai ji daɗi ba, yace Yaya kai ka hau ni kuma ka hana ni. Mun dai rabu a kan ranar Asabar zan kai shi wajen Baba ya zauna ya ji farashin kayan gyara da kunnensa, nima dama zan je a duba min kujerun inji, wato robobin da inji ke zaune a kai, dan na fara jin sitiyari yana ɗan karkarwa in na tsaya a danja.