Mutumin da ke ƙarƙashin shuni

Wata bakwai na yi ina zana karofin Ƙofar Mata a Kano, inda mahaifina ya yi rini har ƙarfinsa ya ƙare. Da fentin mai na yi aikin, kuma cikin hunturu na fara, abin da ba zan sake ba. Fentin mai yakan kwana uku ko fiye bai bushe ba, ƙura kuwa ba ta jira. Kullum da safe sai na sa tsinke ina tsince ta.

Ramukan ba su ba ni wahala ba. Na san yadda kumfa ke taruwa a kan ruwan baba, na san yadda ƙyalle ke fitowa kore-kore, sai iska ta buge shi ya koma shuɗi. Matsalar Baba ce. Na zaunar da shi a bakin rami, hannayensa sun rine har gwiwa, komai ya yi daidai, fuskar ce ta ƙi. Sau shida ina kankare ta da wuƙar fenti. Duk wadda na zana sai ta fito fuskar wani dattijo mai kirki wanda ban sani ba.

Wani malaminmu a Zariya yakan ce in zane ya gagare ka, ka juya shi ya fuskanci bango, ko ka dube shi ta madubi. Na juya shi mako biyu. Da na waiwaye shi sai na gane ba hannuna ne ya gaza ba, kamanninsa ne suka fara ɓace mini. Ranar na shafe shi gaba ɗaya da shuni, na mai da wurin inuwa.

An taya zanen sau biyu, na ce ba na sayarwa ba ne. Mai saye ramuka yake gani. Da ina mamakin Leonardo da Vinci, mai zanen nan na Italiya, da ya riƙe zanensa na Mona Lisa ya tafi da shi Faransa har ya rasu a 1519. Na daina.

Ashe shafen da na yi bai yi kauri ba. In hasken la'asar ya shigo ta taga, tudun fentin da ke ƙasa yakan bayyana. Rannan Hajiya ta tsaya a gabansa ta daɗe, sannan ta nuna da yatsa.

"Wannan ai kafaɗar Malam ce," in ji ta.